Tsuntsayen da Muka Ɗinka Don Baba Ya Ji

Litinin, da yamma

Yau kwamfutar shago ta rufe mana komai.

Da safe Yaya ta kunna ta kamar kullum, ni kuma ina shara. Sai na ji ta yi shiru, irin shirun da ba nata ba, don Yaya ko ƙofa take buɗewa sai ta yi waƙa. Na leƙa. Duk zane-zanen surfani da ke ciki sun koma farare, kowanne da wani dogon suna da ba mu muka sa masa ba. Ta danna wannan bai buɗe ba, ta danna wancan bai buɗe ba. A tsakiya ga wani baƙin allo cike da rubutu. Ta karanta, ta ƙi gaya mini. Daga baya na ji tana faɗa wa Umma cewa wasu mutane ne da ba mu sani ba suka kulle, wai sai an biya su za su buɗe.

Na Baba ne duka. Tun kafin a haife ni yake zana su: furanni, ganyaye, dawisu, jirgin ruwa na rigar yara, bajon makarantu. Shi ya nuna wa allura inda za ta bi a kowanne, ɗinki bayan ɗinki, da hannunsa na dama. Hannun nan yana kwance a kan filo tun ciwon da ya same shi bara. Ko cokali ba ya ɗagawa.

Umma ta daɗe a tsaye riƙe da almakashi. Sannan ta ce kada wanda ya gaya wa Baba, likita ya ce a kiyaye masa tashin hankali. Ni ta fi kallo. Na san dalili. Tun da bakinsa ya karkace ni na fi jin maganarsa a gidan nan, ni nake fassara wa kowa. Kuma ban iya ɓoye abu ba, ko bakina ya yi shiru fuskata tana faɗa.

Talata, da safe

Yaya ba ta sha shayi ba. Ta ce cikinta ne.

Talata, da rana

Ba zan rubuta wanda ya sa abin ba. Zan rubuta yadda aka yi kawai.

Tsohuwar kwamfutar Baba ta mutu watan jiya, aka sayo wata ta hannu, aka kwashe zane-zanen aka zuba a ciki. Amma manhajar da ake aikin surfani da ita ta ƙi tashi, kullum sai ta fito da jan rubutu tana neman lasisi. Sabo yana da tsada, ga maganin Baba, ga wata makaranta tana jiran bajonta. Sai aka ga wani bidiyo a waya. Wani mutum mai fara'a yana nuna ɗan abin da ake saukewa kyauta, suna ce masa kirak, yana yaudarar manhaja ta ɗauka an saye ta. Ya ce kafin a sa shi a fara kashe mai gadin kwamfuta, don zai yi ta ihu a banza.

Mai gadin ya yi ihun kuwa. Na gani da idona, ya yi ta fito da gargaɗi. Aka kashe shi. Jan rubutun ya ɓace, manhaja ta buɗe, wadda ta sa abin ta ɗaga ni sama tana juyi da ni a tsakiyar shago, Umma tana cewa a sauke mata 'ya kada a fasa mata inji.

Ranar mun yi murna sosai. Ita ce take ta dawo mini.

Laraba, bayan azahar

Mai gyaran kwamfuta ya zo. Gajere ne, ya ɗaure ƙafar tabaransa da zare baƙi. Umma ta ce ba za a shigo shagonta da irin wannan ɗaurin ba, ta karɓa ta sake masa da zare mai kyau kafin ya zauna.

Ya duba ya duba, sannan ya tambaya ko muna da kwafi a wani wuri. Fuskar Yaya ta yi haske, ta ce akwai filas, ɗan abin ajiyar nan da ake maƙala wa kwamfuta, duk Juma'a Baba yana kwafe komai a kai, ita ma ba ta taɓa fashi ba. Ya ce yana ina. Ta nuna bayan kwamfutar. Nan yake zama kullum a maƙale, don da shi muke ɗaukar zane mu kai wa inji, kuma Umma ta ce idan aka cire shi zai ɓace a cikin ƙyallaye. Mai gyara ya cire, ya gwada a tasa kwamfutar, ya cire tabarau ya murza ido. Shi ma an kulle shi.

Bai yi faɗa ba. Ya ce wanda yake raba irin wannan abin kyauta ba don yana son mu ba ne. Da zarar an kunna shi an ba shi izinin shiga ko'ina, sai ya zauna shiru na 'yan kwanaki yana leƙe-leƙe, ya kwashi abin da yake so, sannan ya kulle saura. Umma ta tambaya ko a biya su.

Ya ce, “Hajiya, ɓarawon da ya shiga ta taga shi za ki amince ya dawo miki da kaya ta ƙofa? Na ga waɗanda suka biya, ba a buɗe musu ba.”

Ya ce Yaya ta canja duk kalmomin sirrin da aka taɓa rubutawa a kwamfutar. Tana ta gyaɗa kai, amma na ga ba duka take ji ba.

Zai tafi sai ya tsaya gaban injin surfani ya danna wani wuri. Ashe injin yana riƙe zanen ƙarshe da ya ɗinka a cikin kansa. Guda ɗaya. 'Yar tsuntsuwar nan ce da Baba ya zana don rigar jarirai, mai buɗaɗɗen baki.

Ita kaɗai ta rage mana.

Alhamis, da yamma

Shagonmu a jikin gida yake. Bango ɗaya ne tsakanin injin da gadon Baba. Umma ta ce idan ya ji shiru kwana da kwanaki zai gane akwai matsala, don haka a riƙa kunna inji.

Ni aka ba aikin. Ina ɗaure ƙyalle a zobe, in danna, allura ta yi tsuntsuwa, in cire, in ɗaure wani. Umma tana ɗinkin gyara a kan ƙaramin keke, Yaya tana zaune a ƙasa tana ware zaren da bai harɗe ba.

Ban shiga ɗakin Baba ba. Na ba Umma shayinsa ta kai.

Juma'a, da safe

Tsuntsaye. Shuɗi, ja, ruwan ƙasa. Ban shiga ɗakin Baba ba.

Asabar, da la'asar

Ya kira ni. “Auta” ce kalmar da take fita sumul daga bakinsa, ba ta lanƙwasa ko kaɗan. Ina tsakar gida na ji, sai na buɗe famfo da ƙarfi na sa hannu cikin wanki.

Umma ta shiga maimakona. Ta fito idonta ja, ta ce yana ta maimaita wata magana, ta ba shi ruwa ya ture, ta gyara masa filo ya ture, ta buɗe taga ya rufe ido. Ta ce shekara da shekaru suna tare, ga shi yau tana neman mai fassara tsakaninta da mijinta. Ba ta ce in je ba. Da ta ce da na je. Ko kuma da ban je ba. Ban sani ba.

Da can, idan na kai masa shayi, sai ya ɗaga yatsan hagu ya ce in saurara. Inji yana aiki a bayan bango, shi kuma ya ce wannan ganyen inabi ne, ko ya ce Yayarki ta ja zare ya yi tauri. Ina ɗauka wasa yake.

Litinin, da hantsi

Maman 'Yan Biyu, maƙwabciyarmu, ta shigo da waya a hannu tun daga bakin ƙofa tana magana. Ta ce yaushe Umma ta koyi rubuta mata “abokiyar ciniki mai daraja”, ita da kullum take ce mata mai bakin rediyo. Ta nuna saƙon. Daga shafin shagonmu na intanet ya fito, da hoton allonmu, wai akwai rangwame, ta danna wani wuri ta saka bayanan asusunta. Ta ce Allah ya so ta ba ta ga tabaranta ba.

Shafin shagon yana buɗe a kwamfutar tun farko, shi ne Yaya ta manta ba ta canja masa kalmar sirri ba. Duk wanda ya taɓa kawo mana aiki an aika masa. Yaya ta tashi ta shiga bayi ta daɗe.

Dole Umma ta gaya wa Maman 'Yan Biyu komai. Maman 'Yan Biyu ta nemi wuri ta zauna.

Ni kuma mayafinta nake kallo. Tsoho ne, ya koɗe. A gefensa akwai dawisun Baba, da jelarsa duka.

Talata, da yamma

Umma ta wuni tana kiran mutane tana bin gidaje, tana cewa kada a danna, ba mu ba ne. Wata tsohuwa ta riga ta danna, ɗanta yana can yana fama da banki. Umma ta ce tsohuwar ba ta zage ta ba, ruwa ma ta kawo mata, kuma wannan ya fi mata ciwo. Makarantar nan ta kai bajonta wani shago.

Yanzu duk layinmu sun sani. Baba kaɗai ya rage.

Yaya ta ce in zo ta tsefe mini kai. Tana ta ja a hankali, ba yadda ta saba ba. Can ta ce, “Malama Shiru, kin tsane ni ko?” Na girgiza kai, tsinken tsifa ya soke ni. Ta ce tun ranar ba ta iya wucewa ta ƙofarsa ba, ta bayan gida take zagayawa. Ta ce Baba ya yi shekaru yana tara abu, ita ta zubar da shi kafin shayi ya huce.

Na so in ce mata don maganinsa ta yi. Na so in ce ranar nan ni ma na yi dariya. Na jingina bayana da gwiwarta, ta ɗora haɓarta a kaina, muka zauna haka har aka kira magariba.

Laraba, bayan azahar

Na je gidan Maman 'Yan Biyu ni kaɗai.

Na daɗe tsaye a ƙofa. Na yi sallama, ni kaina ban ji ba. Ɗaya daga cikin 'yan biyun ce ta gan ni ta kira uwarta. Maman 'Yan Biyu ta ce lafiya, ko an aiko ni. Na ce a'a. Ta ce to me. Na ce mayafi. Ta ce wane mayafi. Na ce mai dawisu, aro, zan dawo da shi.

Ta kalle ni ta kalle ni, sannan ta tafa hannu ta ce ashe yarinyar nan tana da murya, shekara nawa tana ɗauka hoto ce aka kafa a shago. Ta tambaya me zan yi da shi. Na ce zan kwafa. Ba ta ƙara tambaya ba. Ta shiga ɗaki ta fito da mayafin, da rigar filo mai ganyen inabi, da wasu ƙananan riguna biyu masu jirgin ruwa da 'yan biyu suka sa suna jarirai.

Ta ce, “Ki riƙe har ki gama. Kuma ki bar sauran a hannuna, bakin nan nawa yau zai yi amfani.”

Alhamis, da yamma

Na shimfiɗa takarda mai shara-shara a kan dawisu na bi shi da fensir. Idanun jelarsa suna da yawa.

Tsuntsaye da safe, dawisu da rana. Ban shiga ɗakin Baba ba.

Juma'a, da yamma

Kaya sun fara zuwa. Matar mai kanti ta kawo labule. Wani direba ya kawo rigar makarantar ɗansa da ta yi masa kaɗan. Tsohuwar da ta danna saƙon nan ta aiko da zanin gado, wai na auren 'yarta ne, a kula da shi. Umma ta riƙe shi ta juya mana baya tana gyara zaren da ke jere a kan kantar shago.

Teburin yankan yadi ya cika da Baba. Wasu zanen ban ma taɓa ganinsu ba.

Asabar, da rana

Mai gyara ya dawo da kwamfutar. Ya wanke ta tas, babu komai a ciki. Ya sa mana wata manhaja ta halak da masu ita suke bayarwa kyauta, ba ta kai ta Baba iya aiki ba amma tana yi. Ya kunna mai gadi ya ce wa Yaya, in ya yi ihu a saurare shi. Ya kawo sabon filas ya ce a kwafa a cire a ajiye nesa. Umma ta ɗinka masa ɗan aljihu ja ta rataye a ƙusa, ta ce yanzu in ya ɓace sai dai bango ya ɓace.

Yaya ta ɗauki hoton dawisuna ta sa a kwamfuta, tana nuna wa allura hanya. Gobe za mu gwada.

Lahadi, da la'asar

Zan rubuta a hankali don kada in manta komai.

Mun gwada. Injin ya fara da wata ƙara da ban saba ji ba, yana gudu, yana tsayawa, yana tsalle daga gefe zuwa gefe. Zare ya tsinke, muka ɗaura, ya sake tsinkewa. Yadi ya tattare. Abin da ya fito bai yi kama da dawisu ba, Umma ta ce kaza ce da ruwa ya doka. Ba wanda ya yi dariya.

Sai muka ji bugu a bango. Kofin ƙarfe ne. Ya buga, ya sake bugawa. Sannan, “Auta.”

Babu famfo a shago. Umma ta kalle ni, ta sauke ido. Na je.

Ya rame a kwanakin nan, ko kuma ni ce na manta. Na durƙusa gefen gado ina kallon tabarma. Ya yi magana, sai da ya maimaita na gane, don kunnena ya kwana biyu bai ji shi ba.

“Tsuntsaye nawa kuka yi?”

Na ce ban ƙirga ba.

“Gidan zai tashi sama.”

Gefen bakinsa mai lafiya yana murmushi. Ya ce tun rana ta biyu ya sani. Tsuntsuwar nan tana farawa da gajeren gudu, ta tsaya a ido, ta yi dogon gudu a fiffike. Ya ce babu garin da ake haihuwar jarirai haka. Abin da yake ta gaya wa Umma ke nan ran Asabar, a daina ɓata zare.

Sai na gaya masa. Duka, da kirak ɗin, da filas, da saƙon, da kayan da mutane suka kawo. Ban faɗi suna ba. Ya rufe ido. Hawaye ya fito ta idon ɓangaren da ba ya motsi, ya gangara cikin kunnensa, na goge da bakin hijabina. Na ji tsoro ƙwarai. Na tuna maganar likita, na tashi zan kira Umma, ya riƙe mini hannu.

Ya ce abin da ya fi damunsa ba zanen ba ne. Ya ce yana kwance yana jin takun kowa, nawa yana tsayawa a ƙofa ya koma, na Yaya ya daina zuwa gaba ɗaya. Ya ce in kira ta, ta zo da mayafin da kazar.

Yaya ta shigo kamar mai taka ƙaya. Ta durƙusa ta fara cewa Baba ni ce, ya ɗaga hannu ya tsayar da ita. Ya sa aka shimfiɗa mayafin a ƙirjinsa, ya shafa dawisun da yatsun hagu. Sannan ya faɗi kalma ɗaya, har Yaya ta ji ba sai na fassara ba.

“Juya.”

Muka juya mayafin. A baya duk hanyar allura tana nan, inda ta fara, inda ta ɗaure, inda ta tsallaka, da ɗinkin shimfiɗa da ake fara yi a ƙasa don kada yadi ya tattare. Mu fuska muka kwafa, shi ya sa. Ya kama yatsan Yaya ya ɗora a kan ƙullin farko, a ƙirjin dawisu, ya ja shi a hankali zuwa wuya, ya dawo, ya fita jela ɗaya bayan ɗaya. Yana magana ina fassarawa, Yaya tana kuka tana cewa to Baba, to Baba.

Umma tana bakin ƙofa. Ya kalle ta ya faɗi wani abu. Ta ce me ya ce. Na ce ya ce shayin da kike kawowa ba sukari. Ta ce ka ji mutum, likita ne ya hana, ta juya ta tafi tana share ido da gefen mayafi.

Talata, da safe

Yawancin zanen ba za su dawo ba. Wasu masu kayan sun ƙaura, wasu kayan sun yage an zubar. Baba ya ce akwai wani furen da shi kansa ya manta yadda ya yi shi.

An matso da gadonsa kusa da ƙofa. Ni nake kai masa kaya ɗaya bayan ɗaya, a juye.

Tsuntsayen kuma Umma ta ce za ta haɗa su ta yi masa bargo. Ya ce ba ya so, zai riƙa jin ƙararsu. Ta ce ba tambayarsa take ba.

Alhamis, da hantsi

Yaya ta kunna dawisu na uku. Ina zaune gefen Baba da shayi, yana buga yatsa a kan kofi daidai da allura. Ƙirji, wuya, jela. Bai tsaya ba har kusan ƙarshe. Can sai yatsan ya tsaya a sama.

Ya ce in je in gaya wa Yayata ta ja zare ya yi tauri.

Na tafi da gudu.